Yadda ake ɗaukar fim ɗin gaskiya a gidan haya: jagora daga Gusau

Gidan da nake nufi kowa ya san irinsa. Zaure ɗaya, dogon tsakar gida, ɗakuna goma sha biyu ko sha biyar suna kallon juna, makewayi biyu a ƙurya, da igiyar shanya wadda ba a taɓa ganin ta babu kaya ba. A ɗaki guda za ka iske mutum huɗu ko biyar: ɗan kabu-kabu, ɗan ga-ruwa, lebura, ɗan dako, da ɗan cirani wanda ya ce wata uku zai yi, ga shi yana cikin shekara ta biyu. A bakin ƙofa akwai mai abincin da ke ciyar da rabin gidan bashi, a biya ta ranar da Allah ya hore. Irin waɗannan gidaje suna nan birjik a Sabon Gari da Tudun Wada da Samaru, kuma tun da Gusau ta zama babban birnin jiha a 1996 ba su daina cika ba.

Wannan jagora na wanda yake da waya mai kyamara ta kirki ne, ko ƙaramar kyamara, yana son ya fitar da dokumentari, wato fim ɗin gaskiya, na minti goma sha biyar zuwa ashirin da biyar a kan rayuwar irin wannan gida. Batun kayan aiki shi ne mafi sauƙi a cikin lamarin, shi ya sa ba da shi zan fara ba. Wahalar tana wurin samun ranar da mutanen gidan za su manta kana tsaye a wurin.

Mataki na farko: shiga ta ƙofa

Izini a gidan haya hawa-hawa ne. Ka fara da mai unguwa, ka gaishe shi, ka faɗa masa abin da ya kawo ka, domin ranar da wani ya ga baƙo da kyamara ya ɗaga murya, shi za a fara tambaya. Daga nan sai mai gidan, sannan wanda ke karɓar masa kuɗin haya, wanda sau da yawa ya fi mai gidan ƙarfi a tsakar gida. Bayan su duka sai mazauna, ɗaki-ɗaki, mutum-mutum.

A nan na yi tuntuɓe a aikina na farko. Na samu yardar mai gida, na ɗauka magana ta ƙare, washegari na shigo da kyamara a hannu. Wani dattijo mai gadi, yana zaune a kan tabarma yana ɗinke takalminsa, ya ɗago kai ya ce, "Ɗana, mai gida gini gare shi, amma huskata tawa ta." Na mayar da kyamara cikin jaka, na tsuguna na ce, "Baba, a yi mini afuwa." Sai da na yi kwana goma ina zuwa hannu rabbana kafin ya sake ɗaga ido ya dube ni.

Don haka ka ware mako biyu ba tare da ka ɗauki komai ba. Ka zo da ɗan littafi da biro kawai. Ka zauna a teburin mai shayi, ka bi sahu a masallacin unguwa, ka ci abincin da suke ci. Aikinka a waɗannan kwanaki shi ne ka rubuta agogon gidan: wa ke fara tashi, ƙarfe nawa ake layin wanka, yaushe gidan ke zama wayam, yaushe babura ke dawowa, wane dare ake lissafin adashi. Wannan littafin shi zai zama jadawalin ɗaukarka.

Abu ɗaya kuma ka faɗe shi tun ranar farko, ka yi ta maimaitawa har a gaji da ji: ba tallafi ka kawo ba. A Zamfara ta yau, duk wanda ya zo da littafi yana tambayar suna, ana ɗaukarsa ko dai ma'aikacin ƙungiyar agaji ne mai rubuta waɗanda za a ba kaya, ko kuma ɗan leƙen asiri. Idan aka ɗauke ka na farko, kowa zai ba ka labarin da yake ganin zai sa a rubuta sunansa. Idan aka ɗauke ka na biyu, ko gaisuwarka ba za a amsa da kyau ba.

Mataki na biyu: yarda, da abin da ba a nunawa

Takardar amincewa da ake sa wa hannu tana da amfani, amma ga mutumin da ba ya karanta boko ba ta wuce shaidar cewa ya dangwala yatsa ba. Abin da ya fi shi ne ka kunna kyamara, ka yi masa bayani da bakinka: sunan fim ɗin, inda za a nuna shi, cewa zai hau intanet kuma mutanen garinsu za su iya gani, da cewa yana da ikon janyewa har zuwa ranar da kuka sa. Shi kuma ya amsa da bakinsa. Ka ajiye wannan ɗaukar daban. Nijeriya tana da dokar kare bayanan jama'a tun 2023, kuma fuskar mutum da muryarsa suna cikin abin da ake kira bayanansa, amma ko babu doka, amana ta isa.

Batun tsaro shi ne ya bambanta wannan aiki a Gusau da irinsa a wani wuri. Da yawa daga mazauna waɗannan gidaje ba neman kuɗi kaɗai ya kawo su ba, gudun 'yan bindiga ne daga ƙauyukan Maru, Anka, Zurmi, Tsafe, Maradun ko Shinkafi, kuma sun baro 'yan'uwa a can. Kalma ɗaya da mutum ya faɗa a gaban kyamararka tana iya zama sanadin a bi ƙaninsa. Saboda haka kada sunan ƙauye ya fito, ko na wani ɗan bindiga, ko adadin kuɗin fansa da aka biya, sai dai idan mai maganar ya fahimci abin da hakan zai iya jawowa kuma ya nace. Ko ya nace ɗin ma, ka kwana da maganar. Rufe fuska ba ya ɓoye mutum ga wanda ya san shi: murya tana tona shi, haka tsagar fuska, da lambar babur, da allon shagon da ke bayansa. Idan za ka ɓoye mutum, ɗauki hannayensa, ko bayansa, ko inuwarsa a bango, ka sa wani ya karanta maganarsa, ka kuma sanar da mai kallo cewa haka aka yi.

Jirgi marar matuƙi kuwa ka manta da shi. Tashinsa na buƙatar izinin hukuma a ko'ina a ƙasar nan, kuma a Maris na 2021 gwamnatin tarayya ta ayyana haramcin shawagin jirage a sararin Zamfara. Fim ɗin tsakar gida ma ba ya buƙatar kallo daga sama.

Idan akwai ɓangaren iyali a gidan, kai namiji ba ka da hurumi a can. Nemi mace ta riƙe kyamara, a nemi yardar mijin, sannan a nemi ta matar ita kanta a inda ba ya tsaye. Yara sai da izinin iyaye, almajirai sai da na malaminsu.

Sai maganar kuɗi, wadda kowa ke kauce wa. Ra'ayina shi ne kada ka sayi magana, domin wanda aka biya ya yi hira zai faɗi abin da yake jin ka biya ka ji. Amma ɗan kabu-kabun da ka tsayar tun safe har hantsi, mai babur yana jiran balas ɗinsa da dare, kuma tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023 wannan balas ɗin ya ƙara nauyi. Biya shi abin da ya rasa, ka kira shi da sunansa, kuɗin lokaci. Ga gidan baki ɗaya kuma, ka shiga karo-karon da suke yi, na kwasar masai ko gyaran ƙofar zaure. Ka yi shi a fili, kowa ya sani.

Mataki na uku: igiyar da za ta ɗaure fim ɗin

"Rayuwa a gidan haya" ba labari ba ne, fili ne. Labari yana buƙatar mutum da abin da yake jira. Zaɓi mutum biyu, iyaka uku, kuma kada ka zaɓi wanda ya fi kowa surutu. Wanda ya fara tarbar kyamara yakan zama ɗan wasan kwaikwayo ne da bai samu dandali ba.

Sannan ka nemi wani wa'adi da ke tafe. Ƙarshen wata da kuɗin haya. Ranar kwasar adashi. Jajiberin Sallah, wa zai je gida, wa zai aika saƙo ya zauna. Wanda ya fi duka ƙarfi a wurina shi ne faɗuwar damina. A al'ada, ɗan cirani yana ganin hadarin farko zai ɗaure kayansa ya koma gona. Yanzu akwai wanda zai tsaya a tsakar gida yana kallon hadarin nan, gonarsa tana can, hanyar zuwa ce babu. Idan ka fara ɗauka a Afrilu ka kai Yuni, tambayar "zai koma ko ba zai koma ba" ta ishe ka riƙe mai kallo har ƙarshe, ba sai ka ƙirƙiri komai ba.

Mataki na huɗu: kayan aiki

Waya, ƙafa-uku mai sauƙin ɗauka, makirfo na maƙalawa a wuyan riga, abin sauraro na kunne, fawa bank biyu, memori, da ƙyallen goge gilashi saboda ƙurar hunturu. Idan kuɗinka na abu ɗaya ne, sayi makirfo. Mai kallo yana yafe hoto mai duhu, amma ba ya yafe maganar da ba ya ji. Ƙananan makirfo irin na Boya suna da araha, kuma idan da hali, ƙaramin rikoda irin Zoom H1n zai ɗauko maka sautin tsakar gida da waya ba za ta iya ba.

Saita kyamara a kan girman hoto na 1080p, firem 25 (wato hotuna 25) a daƙiƙa, saurin shota (tsawon lokacin da haske ke shiga kowane hoto) 1/50 na daƙiƙa. Dalili shi ne wutar lantarkinmu tana kan 50 Hz, wato tana kai-komo sau hamsin a daƙiƙa, kuma idan ka bar waya a kan firem 30 da ta zo da shi, za ka iya ganin hoto yana ƙyafta-ƙyafta a ƙarƙashin ƙwan lantarki. Manhajar Open Camera kyauta ce a Android, ita da Blackmagic Camera a wayoyin da ke ɗaukarta, kuma suna ba ka damar kulle haske da saiti. Sauti ya zama 48 kHz, ƙololuwarsa tana yawo wajen -12 dB a ma'aunin ƙarfin sauti. Kada 4K, wato hoton da ya fi 1080p girma, ya ruɗe ka: awa ɗaya tana iya cin giga 20, kuma a ɗakin kwano cikin zafin Afrilu wayar za ta yi zafi ta kashe kanta ana tsakiyar magana. Sa ta a yanayin jirgi kafin ka fara, don kada kira ya katse ka.

Mataki na biyar: ɗauka

Zo kafin kiran sallar asuba, aƙalla sau uku. Mafi kyawun abin da na taɓa ɗauka a gidan haya butoci ne. Tun da duhu kowa ke fitowa ya ajiye butarsa ko bokitinsa a bakin makewayi ya koma ɗaki, butar ce ke riƙe masa layi. Butoci tara a jere, shuɗiya, ja, wata an ɗaure hancinta da roba, kuma babu mai tsallake ta wani. Na kafa kyamara a ƙasa, na bar ta tana aiki minti shida. Hannu ya zo ya ɗauki ta farko, ƙafa ta tura sauran gaba. Babu fuska ko ɗaya a ciki, amma duk wanda ya taɓa zaman haya ya gane gidansu.

Darasin ke nan: kafa kyamara ka daina motsa ta. Kowace ɗauka ta kai daƙiƙa goma ko fiye, ka ƙirga a zuci. Kada ka riƙa zuƙo hoto da yatsa, ka taka da ƙafarka ka matsa. Kowane aiki ka ɗauke shi ta fuska uku: daga nesa a ga wurin, daga tsakiya a ga mutumin, daga kusa a ga hannunsa. Mai abinci tana zuba shinkafa da wake, ɗauki layin masu kwano, ɗauke ta ita, sannan ɗauki ludayi da man da ke gangarowa. Idan mutum biyu suna magana, tsaya a gefe ɗaya na layin da ke tsakaninsu, kada ka tsallaka, in ba haka ba a wurin haɗa fim ɗin za a ga kamar kowa ya juya wa ɗan'uwansa baya.

Ɗakunan haya duhu gare su, taga ɗaya ƙarama ko babu. Kada ka shigo da babbar fitila ka mayar da ɗakin abin da ba shi ba. Zaunar da mutum kusa da ƙofa, hasken ya bugi gefen fuskarsa, kai ka ba ƙofar baya ko gefe. Da tsakar rana tsakar gida ba ta ɗaukuwa, hasken ya yi tsauri, kuma babu kowa ma. Lokacinka safe ne zuwa hantsi, sai bayan la'asar. Da dare kuwa tocilan da fitilar mai shayi sun isa.

Ka kasance a shirye don lokacin da za a kawo wuta. Ihu ɗaya za ka ji daga yaran unguwa, sai ka ga ƙofofi suna buɗewa, kowa da caja a hannu ya nufi soket ɗin da ke aiki. Wannan ba a shirya shi, kuma idan ka ce a sake yi don ba ka ɗauka ba, abin da za ka samu wasan kwaikwayo ne. Ƙa'idata ita ce ba na cewa a maimaita abin da ya wuce. Gobe ma za a kawo wuta, ko jibi.

Sauti shi ne inda gidan haya ke wahalar da mutum. Janareton maƙwabci, injin markaɗe, rediyo, ruwan sama a kan kwano wanda ke cinye kowace magana. Kada ka taɓa ɗauka ba tare da abin sauraro a kunnenka ba. Idan waƙa tana tashi a waya ko rediyo, roƙi a rage, domin YouTube yana gane waƙoƙi masu haƙƙin mallaka ko da a bayan magana suke. A kowane wuri ka ɗauki minti ɗaya na shirun wurin, babu mai magana, shi za ka yi ciko da shi a wurin haɗawa. Idan an kira salla, tsaya. Kada ka gitta gaban mai salla, kada ka ɗauki mai barci, kada kyamara ta leƙa makewayi.

Mataki na shida: hira

Kada ka zaunar da lebura a kujera ka sa masa kyamara a fuska kamar mai amsa tuhuma. Yi masa magana hannunsa yana aiki, yana wanke babur ko yana lissafin jarkoki. Tambayar "yaya rayuwa" amsarta ɗaya ce, "sai godiya". Tambayi abin da ake ƙirgawa ko ake tunawa: nawa ka tashi da shi jiya, me ka fara saye, wa ya kawo ka gidan nan, ina ka kwana daren farko. Idan ya gama amsa, kada ka yi saurin jefa wata tambayar. Yi shiru ka ƙirga biyar. Sau da yawa abin da zai shiga fim ɗin yana zuwa ne bayan wannan shirun. Ka kuma koyi amsawa da kai, domin "na'am" da "haka ne" ɗinka duk makirfo yana kwashewa.

Ka tambayi abin dariya ma. Gidan haya cike yake da barkwanci, da laƙabi, da faɗan sabulu, da wasan Bazamfare da Badakkare ko na taubasai. Fim ɗin da babu komai a cikinsa sai kuka, mutanen gidan da kansu ba za su gane gidansu a ciki ba.

Mataki na bakwai: ajiya da haɗawa

Kowane dare ka kwafe abin da ka ɗauka zuwa wuri biyu, kwamfuta da rumbun ajiya na waje, ka sa wa kowane babban fayil kwanan wata. Kada ka dogara da intanet kaɗai. Waɗanda suke Zamfara a Satumbar 2021 sun san yadda aka wayi gari an rufe layukan waya a faɗin jihar. Kuma kada ka yi yawo da ɗanyen hoton mutane a wayar da kake bi ta shingen bincike da ita.

Kafin ka buɗe manhajar haɗawa, rubuta duk hirarrakin a takarda tare da mintin da kowace magana ta faɗo. Aiki ne mai cin rai, awa ɗaya ta hira tana iya cin wuni, amma a takarda za ka ga fim ɗin kafin ka taɓa shi. DaVinci Resolve yana da na kyauta idan kwamfutarka tana da ƙarfi, Shotcut da Kdenlive sun fi sauƙi, CapCut kuma yana yi a waya. Haɗin farko zai kai awa ɗaya. Bar shi kwana uku, ka dawo ka yanke fiye da rabi.

Abu biyu nake roƙo. Na ɗaya, bar wa mutane harshensu. Wanda ya ce "wanga gida", ko "mi kake so", ko "shina tahiya", kada ka mayar da shi Bakano a rubutun ƙasan allo. Na biyu, rage muryar mai sharhi, ka kuma guji kiɗan tausayi da ake shimfiɗawa a ƙarƙashin maganar talaka. Ƙarar tsintsiya da tashin babur da safe sun ishe ka.

Mataki na takwas: mayar musu da shi

Kafin kowa ya gani, mutanen gidan su fara gani. Wannan ba sabon abu ba ne. Jean Rouch, Bafaranshen da ya shafe shekaru yana ɗaukar fim a Nijar har ya rasu a kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya taɓa mayar wa masunta fim ɗin farautar dorina da ya ɗauke su, suka ce ya cire kiɗan da ya sa, domin kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya. Ya saurare su.

Nemi aron majigi ko babbar talabijin, bayan sallar isha'i, a tsakar gida. Kai kada ka kalli allo, kalli fuskoki. Inda aka yi dariya, inda aka yi tsit, inda wani ya tashi ya shige ɗaki, duk ka rubuta. Washegari ka bi su ɗaya bayan ɗaya, domin ba kowa ke iya cewa "cire ni" a cikin taro ba.

Bayan gyara sai fitarwa. Idan za a nuna shi a sinima ko a sayar, sai ya bi ta hukumar tace fina-finai ta ƙasa. Akwai bikin iREP na fina-finan gaskiya a Legas, da bikin Zuma a Abuja, kuma bukukuwa da yawa sun fi son fim ɗin da bai riga ya hau intanet ba, don haka ka yanke shawara kafin ka ɗora shi a YouTube. Za su buƙaci fassarar Turanci a ƙasan allo. Ga mutanen gidan kuma, yi ƙaramin kwafi mai sauƙin nauyi da za a tura ta Xender ko a sa a memori.

A nawa nunin, gyara ɗaya aka nema, kuma ba daga inda na zata ba. Dattijon nan mai gadi ya kalla har ƙarshe bai ce uffan ba. Mai abinci ce ta tare ni a zaure da safe ta ce, "Malam, littafin nan nawa da ka nuna, sunayen masu bashi sun fito." Na koma na duba, ga su nan ɓaro-ɓaro, suna da adadi, har da na wanda ya ci wata biyu bai biya ba. Daƙiƙa bakwai ce, kuma ina son ɗaukar ƙwarai. Na koma ranar Talata na sake ɗaukar littafin a rufe, hannunta a kansa, biro a maƙale a tsakiya.